Sirrin da Baba Famfo Ya Kai Kotu

Shekara ashirin da shida Baba Famfo ya yi yana kula da injinan hukumar ruwa, har ta kai da kunne yake gane wanda ke shirin lalacewa. Mutum ne mai zurfin ciki. Ka tambaye shi ya gida, ya ce lafiya lau. Ka tambaye shi ya inji mai lamba uku, to nemi kujera, don ka sosa masa inda yake masa ƙaiƙayi.

Saura shekara biyu ya yi ritaya aka miƙo masa takarda: an mayar da shi wata tasha mai tafiyar yini guda, kuma ya kwashe kayansa daga gidan ma'aikata cikin wata ɗaya. Ba nisan ne ya tayar masa da hankali ba. Matarsa, wadda kowa ke kira Inna, shekara tara ke nan da idonta ya rufe. Gidan nan da hannu da ƙafa ta haddace shi. Ta san taku nawa ne daga gado zuwa madafa, ta san inda simintin ƙofa ya fashe. A cikinsa ba ta neman ɗan jagora, amma a baƙon gida sai dai ta zauna inda aka ajiye ta.

Ƙungiyar ma'aikata ta haɗa shi da wata lauya, sa'ar 'yarsa, suka shigar da ƙara. Zaman farko bai yi daɗi ba. Lauyan hukuma ya ɗaga takardar da ma'aikata ke cikewa duk shekara. A gurbin lalurar iyali, Baba Famfo da hannunsa ya rubuta “babu”, shekara bayan shekara. Ita kuwa lauyarsa ba ta da abin faɗa sai tsufansa da daɗewarsa a aiki.

Da ta je gidan karɓar sa hannu ne ta ga Inna ta kawo mata ruwa, ta ajiye kofi daidai a kan tebur, idonta na kallon bango.

“Baba, wannan ka ɓoye min? Ai ita ce ƙarar gaba ɗaya.”

“'Yata, maganar gida ba ta ofis ba ce. Ba zan tsaya gaban jama'a in yi roƙo da idonta ba.”

Inna ta juyo wajen muryarsa. “Malam, idon nawa ne ko naka? Kai ka ji kunyar, ni in sha tuntuɓen? Ɗauko min mayafina mai kyau, da bakina zan faɗa.”

Ranar zama na biyu Inna ta tsaya gaban alƙali, takardar likita a hannunta, ta yi bayani ba in-ina. Alƙali ya tambayi Baba Famfo me ya sa ya riƙa rubuta “babu”. Ya sunkuyar da kai ya ce, “Ranka ya daɗe, ban taɓa ɗaukarta lalura ba.” Lauyan hukuma ya shiga gyara takardun da ba su hargitse ba.

Bayan mako uku hukunci ya fito: an soke canjin, zai ƙarasa aikinsa a inda yake. Daɗi ya kama shi, ya zauna a kan matakalar kotu. Inna ta lallaba ta zauna kusa da shi.

“Karanta min, in ji da kunnena.”

Ya buɗe takardar, ya kai ta nesa, ya dawo da ita kusa. Hawaye sun cika masa ido, baƙaƙen sai rawa suke yi.

“Ba na gani,” ya ce.

“To, yau mun zama mu biyu,” in ji Inna. “'Yata, zo ki karanta mana.”