Mai Tuta da Gefen da Iska ke Ci

Kullum kafin in buɗe shagona, Mai Tuta ya riga ya share nasa, ya ɗiga wa keken ɗinkinsa mai, ya zauna yana fama da kafar allura. Bango ɗaya ne tsakaninmu. Ni ma tela ne, kuma ba yabon kai ba, hannuna ya fi nasa sauri. Amma tun ina koyon ɗinki, duk tutar da aka ɗaga a filin garinmu ranar bikin 'yancin kai, shi ya ɗinka ta. Gaskiya abin yana ci mini rai.

Ranar fareti 'yan makaranta suna sara wa tuta, masu badujala suna busa, manya sun miƙe tsaye, ni kuwa ina gefe ina laluben inda ɗinkin ya karkace. Haba, ko sau ɗaya ban samu ba!

Duk masu shaguna a layinmu shaida ne, bai taɓa barin yadin tuta ya taɓa ƙasa ba. Wata rana na leƙa na tarar yana kalmashe gefe ɗaya, ninki kan ninki.

Na ce, "Yaya, wannan ɓarnar zare fa?"

Ya ce, "Ƙanena, wancan gefen a ɗaure yake jikin sanda, ba abin da zai same shi. Wannan da aka saki, shi ne iska ke ci. Abin da ya samu 'yanci ai shi ya fi bukatar kulawa."

Na koma shago ina tsaki, don maganar ta yi daɗi, kuma ba daga bakina ta fito ba.

Bana ido ya gaza, ya ajiye almakashi. Da jami'in shirya biki ya zo, Mai Tuta da kansa ya kamo hannunsa ya kawo shi shagona. Na ce yauwa, bana sunana zai fito. Na zuba duk abin da na iya. Ranar biki tuta ta hau, iska ta buɗe ta, sai na ji mutane a bayana suna cewa, "Kai, Mai Tuta bai tsufa ba!" Wallahi kamar in fashe da kuka.

Yaya, kai ne ka juyo kana dogara sanda ka ce musu, "Ni ko ganinta ba na yi sosai. Maƙwabcina ne ya ɗinka, kuma ya fi ni." Ka sake faɗa da ƙarfi don na nesa su ji.

Sannu da aiki, telan da gari ya daɗe yana sara wa ɗinkinsa. Na gode, Allah ya saka da alheri, ya ƙara lafiya. Masu sana'a, ku yi koyi da shi, ni ma ina ƙoƙari. Na samu aikin, na samu sunan, amma kishin bai tafi ba, Yaya. Yanzu bakin nan naka nake wa hassada, wanda ya iya cewa "ya fi ni" a gaban jama'a, don nawa har yau ya kasa.