Yawon Titin Mu'izz da Hajiya

Na kai mutane da dama yawon tsohuwar Alƙahira, fuskokin wasu ma sun ɓace mini, amma akwai fita guda wadda na san ko tsufa ya cinye mini tunani ita ba za ta goge ba. Lokacin sanyin shekarar 2014 ne. Ina zaune a unguwar Hayyin Ashir da maigidana, dukanmu muna karatu. Ranakun da babu lacca nakan ɗauki matan da suka zo daga gida, masu sarin abaya da masu jinya, in zagaya da su tsohon gari a ƙafa. Mukan fara daga Babul Futuh, tsohuwar ƙofar ganuwa, mu gangaro ta titin Mu'izz, ina nuna musu masallatai da gidajen da suka shekara ɗaruruwa, muna tsayawa muna ɗanɗana abincin bakin titi. A shekarun nan Turawa sun yi ƙaranci saboda hargitsin da ƙasar ta shiga, sai titin ya zama kamar namu, masu shaguna har rige-rigen kiranmu suke yi.

Wata baiwar Allah 'yar Gusau ce ta sa aka kira ni. Tana kwance a wani asibiti a unguwar Ma'adi, ciwon daji take fama da shi, mahaifiyarta ce ke jinyarta. Malamar makaranta ce, ba ta girme ni da yawa ba, ta baro yara ƙanana a gida wajen mijinta. Da na shiga ɗakin, uwar ta fita alwala, sai na same ta ita kaɗai. Ta rame ƙwarai, amma idonta tar.

"Ƙanwata, aiki zan ba ki," ta ce. "Gobe ki zo ki fita da Hajiya. Tun da muka zo garin nan ba ta san ko'ina ba sai wannan ɗakin. Abinci kuwa sai dai shayi."

"To Anti, in ta ƙi fa?"

"Za ta ƙi mana. Ki bar ni da ita." Ta dubi ƙofa, ta rage murya. "Ni na san inda ciwon nan ya kai. Na matsa wa likita, bai ɓoye mini ba. Ita ba ta sani ba, kuma kar ta ji daga bakinki. So nake ta saba fita, ta saba cin abinci ba ni a gefenta."

Na ce to. Me zan ce? Na fito ina jin kamar an ɗora mini buhu a ka.

Washegari na dawo da safe. Hajiya doguwa ce, siririya, mai kamewa, irin tsofaffin nan da ba a yi musu wargi. Ta yafa mayafi mai kauri, ta sa safa cikin silifa saboda sanyi, fuskar nan a murtuke. Ko a cikin jirgin ƙasa carbi kawai take ja. Da muka sauka muka ɗauki tasi zuwa bakin ganuwa, na fara abin da na saba. Na nuna mata kaurin duwatsun, na ce ta nan ayarin mahajjata da na fatake ke shigowa a da. Ta ɗaga kai sau ɗaya ta duba.

"Ganuwa ce dai. Akwai a Kano."

Na yi dariya, ita ba ta yi ba. Muka shiga babban masallacin da ke jikin ƙofar, tsakar gidansa fari fat, tattabaru na ta sauka. Yawancin mata a nan suke fara ɗaukar hoto. Ita raka'a biyu ta yi, ta daɗe a sujada, ta tashi ta ce, "Mu je, 'yar nan. Ko an gama?"

Ba a gama ba, ko farawa ba a yi ba. Muka bi titi. Masu ƙera tagulla na ta ƙwanƙwasa, ƙamshin turare da na gasasshen dankali na haɗuwa a iska, wani mai keke ya wuce da faifan gurasa a ka yana ihu a ba shi hanya. Wani mai shago ya ƙwala mata kira, "Tafaddali ya hajja!" wato ta shigo, ko waiwaye ba ta yi ba. Na saya mata ruwan rake, ta riƙe kofin har kumfar ta kwanta, ta miƙo mini. Na nuna mata inda ake sayar da koshari, na yi mata bayani shinkafa ce da taliya da soyayyiyar albasa, ta ce ita ba ta haɗa shinkafa da taliya a kwano ɗaya. Duk bayan ɗan lokaci sai ta ce in duba wayata ko an kira daga asibiti.

A yau in na tuna, nakan ji tausayin kaina a ranar. Ina ta zuba tarihi kamar rediyo, wane sarki ya gina wannan, wane ya rushe wancan, alhali matar da ke gefena zuciyarta na can kan gadon asibiti. Amma a lokacin surutun ne mafakata. Ina tsoron in na yi shiru abin da ke cikina zai fito a fuskata.

Haka muka isa wani katafaren gini a tsakiyar titin, mai doguwar hasumiya. Na ce mata wani sarki ne ya gina shi, akwai makaranta a ciki, akwai kabarinsa, a bayansa kuma akwai kufan asibiti inda a zamanin da ake duba marasa lafiya kyauta, talaka da mai hali. Nan ne karo na farko da ta tsaya da kanta. Ta daɗe tana kallon bangon.

"Su ma suna mutuwa a ciki?"

Na ce, "Hajiya, wasu su warke, wasu kwanansu ya ƙare."

"Shi sarkin da ya gina ma ga shi nan kwance," ta ce. Sai ta dafa kafaɗata. "Ƙafata ta gaji. Samo mini wurin zama."

A wani lungu kusa da wurin akwai wani dattijo mai suyar ɗa'amiyya da nake kai baƙina wajensa. Ya ba mu benci, ya kakkaɓe shi da hannu. Hajiya ta zauna tana fuskantar kaskon. Tana kallo yana ɗebo ƙullun da yatsu, yana ɗan daɓe shi, yana barbaɗa riɗi, yana sakawa cikin mai. Can ta ce, "Wannan ai ƙosai ne. Me ya sa cikinsa kore?"

Na ce ganye suke markaɗawa tare da waken.

"Gaya masa wutarsa ta yi yawa. Bayan zai ƙone, cikin bai nuna ba."

Na fassara masa. Dattijon ya kwashe da dariya, ya dafa ƙirji, ya ce, "Tamam ya hajja," wato an gama, ya rage wutar. Da ya kwashe na gaba, sai ya zuba mata a takarda da zafinsu, ya haɗa da gurasa. Na zaci za ta miƙo mini kamar ruwan raken. Sai na ga ta gutsura ta kai baki. Ta tauna a hankali. Ta ɗauki na biyu.

"Da sana'ar nan na raine su," ta ce, idonta na kan kaskon. "Ubansu ya rasu suna ƙanana. Yarinyar nan da ke kwance ita ce ta fari. Ita ke surfa mini wake, ita ke kai niƙa kafin ta tafi makaranta. Wata rana mai ya fallatsar mata a hannu, ta ɓoye cikin hijabi har ya yi ruwa, wai kar in ce ta bar taya ni. Haka take tun tana yarinya. Ba ta faɗin ciwo."

Ta ajiye takardar a cinya. Hawaye na zuba, amma muryarta ba ta rawa.

"'Yar nan, zan gaya miki abin da ban gaya wa kowa ba. Ba za ta tashi ba. Ƙaninta da ya rako mu, likita ya kira shi gefe, shi kuma kafin ya koma gida ya gaya mini. Cewa aka yi in muna so mu mayar da ita gida. To ta yaya zan ce mata mu koma? In na ce mu koma, ai na gaya mata ke nan. Kullum sai in ce mata an ce da sauƙi. Ita ce ta fari, ko sunanta ban taɓa kira ba don kunya, balle in zauna in yi irin wannan magana da ita. Ga yaranta can suna tambaya a waya yaushe za ta dawo."

 Jiya 'yar ta ba ni amana, yau uwar ta ba ni irinta. Kowacce na zaune a ƙasar mutane, cikin sanyi, tana haƙuri da allurai da kwanan kujera don kar ɗayar ta sani, alhali dukansu sun sani. Kwanakin da suka rage kuwa suna ta tafiya. Na sunkuyar da kai ina wasa da bakin hijabina. 

Hajiya ta juyo ta dube ni sosai.

"Me ya sa ta dage sai na fito yau?"

"Ta ce ba kya cin abinci."

"Shi ke nan abin da ta ce?"

Na mayar da idona kan kaskon.

"Dube ni. Kina da uwa?" Na ce ina da ita, tana Zariya. "To don darajarta, yarinyar nan ta sani?"

Na yi alkawari ba za ta ji daga bakina ba, amma kuma ba zan iya kallon idon tsohuwar nan in shirga mata ƙarya ba. Na ce, "Hajiya, akwai maganar da ba tawa ba ce. Ki je ki tambaye ta da kanki. Ni dai abin da na sani, ba ke kaɗai ke ɗauke da kaya ba."

Ta rufe fuska da mayafi. Kafaɗunta suka dinga girgiza, ba sauti. Dattijon ya ga abin da ake ciki, bai tambayi komai ba, ya juya mana baya ya tsaya ta yadda masu wucewa ba za su gan ta ba, ya ci gaba da suyarsa. Mun daɗe a haka. Da ta buɗe fuska, ta share ido da gefen mayafi, ta ce, "Ce masa ya soya sabo ya ƙunshe mana. Mu koma."

Ba mu ƙarasa titin ba. Babu Bab Zuwaila, ƙofar da ke ƙarshensa, babu kasuwar Khan Khalili da nake rufe yawo da ita. Tasi muka ɗauka kai tsaye zuwa Ma'adi, ta rungume ƙunshin a cikin mayafi don kar ya huce.

Da muka shiga ɗakin, Anti ta yi murmushi ta ce, "Har kun dawo? Hajiya, ya garin?" Hajiya ba ta amsa ba. Maimakon kujerar da ta saba zama a kai, sai ta zauna a bakin gadon. Ta buɗe takardar, ta gutsuri kaɗan ta kai mata baki. Anti ta karɓa tana kallonta, sannan ta kalle ni, na kawar da kai.

"Ba ita ta faɗa ba," in ji Hajiya. "Ni na riga ki sani. Tun yaushe kike ɓoye mini?"

Na ja musu ƙofa na fito. Abin da suka faɗa wa juna ban ji ba, kuma ba nawa ba ne. Na zauna a baranda har aka kira la'asar. Da na leƙa don in yi sallama, na tarar Hajiya ta hau gadon gaba ɗaya, kan 'yarta a cinyarta, tana shafa mata goshi. Anti ta yafito ni da hannu. Na matso ina fargaba, sai ta riƙe yatsuna ta ce, "Yawon naki ya yi tsada, ƙanwata. Ban ce ki kai ta har ga wannan maganar ba." Tana faɗa tana dariya, ido jawur. "Ki taya mu neman jirgi. Gida za mu."

A satin suka tafi. Maigidana ne ya yi ta zirga-zirgar takardun asibiti da na jirgi, muka raka su har filin jirgi. Anti ta rayu har ta ga farkon damina, a ɗakinta, yaranta na hawa da sauka a gadonta. Hajiya da kanta ta kira ni ranar da aka yi sadakar bakwai. Ta ce mini a watannin nan sun yi hirar da ba su taɓa yi ba tun da ta haife ta, ta ce har wasiyyar yaran a hannunta ta bari, baki da baki. Ta yi mini addu'ar da har yau in na tuna sai na ji ƙwalla.

Na ci gaba da kai mutane titin Mu'izz har na gama karatu, amma na rage surutu. Na koyi in dubi wanda nake tafe da shi kafin in nuna masa gini. Babban abin da ranar ta koya mini kuwa shi ne, akwai shirun da muke yi wa waɗanda muke so da sunan tausayi, alhali kwanakinsu muke ci. Ciwo ba ya raguwa don an ɓoye shi, sai dai kowa ya ɗauki nasa shi kaɗai. In akwai maganar da ta tsaya tsakaninka da naka, ka zauna kusa da shi ka faɗa tun yana iya amsa maka.