Golmon Tanko da Zaɓen 'Yan Badminton

A duk shekarun da na yi ina jami'in wasanni a Zuru, ranar da ba na mantawa da ita ita ce wadda muka je gonar wani tsoho a Dabai, ni da Koci Ishaya, muka yi noma har bayanmu ya ƙage, muka dawo hannu rabbana.

Ku da kuka shigo aikin nan kwanan nan ba ku san Ishaya ba. Ɗan soja ne, a bariki ya tashi, can ya koyi badminton, wasan nan da ake buga 'yar ƙwallo mai gashin tsuntsu da raket ta tsallake raga. Ya buga wa ƙasa, ya ciyo kofi a ƙasashen waje, ya horar da 'yan wasa a manyan birane. Da gwiwoyinsa suka gaza sai ya nemi a mayar da shi garin iyayensa. Aka turo mana shi, mu kuma muka ba shi abin da muke da shi: ɗakin taron da ake biki a ciki duk Asabar, da raga ɗaya mai faci.

Ga yadda tsarin yake. Kowace shekara koci zai tace yaransa, ya kai biyu babban birni, a can a zaɓi waɗanda za su wakilci jiha. Wanda bai bayyana ranar zaɓe ba, sai baɗi. Nawa aikin shi ne mota da abinci da wurin kwana. Ranar kuwa manya ke sa ta, kuma ban taɓa ganin sun ɗaga kai sun dubi hadari kafin su sa ba. A waccan shekarar ta faɗo a tsakiyar Yuli, lokacin da ciyawa ke tsere da dawa.

Cikin yaran Ishaya akwai Tanko, saurayi ɗan Dabai. Ishaya ba mai yabo ba ne, amma ya taɓa ce mini tun da ya fara horarwa bai ga hannu irin na Tanko ba. Matsalar ita ce shekarunsa sun kai iyaka. In bai shiga zaɓen bana ba, ƙofa ta rufe ke nan har abada.

To, Tanko yana cikin golmo. Ga wanda ba ɗan ƙasar nan ba, golmo shi ne noman da saurayi yake yi wa uban yarinyar da zai aura, shekara bayan shekara, shi da ƙungiyar samari 'yan uwansa. Yau a gonar surukin wannan, gobe a ta surukin wancan. Ranar gonar surukin Tanko ta faɗo daidai da ranar zaɓe, kuma ita ce shekararsa ta ƙarshe a golmo.

Ishaya ya roƙi manya su matsa da ranar, suka ce ba a canza tsarin jiha saboda mutum ɗaya. Sai ya zo mini da dabara: mu kwashi 'yan wasa duka, mu je mu nome gonar kafin ranar, tsoho ya saki Tanko. Na ce masa abin ba haka yake ba. Ya ce noma noma ne, ciyawa ba ta tambayar wa ya cire ta. Mutumin da ya tashi a bariki, in ya ga aiki, gani yake a gama shi kawai. Na gaji da musu na bi shi, ni da na yi karatu don in guje wa fartanya.

Tun da safe muka kama. Ishaya ba ya iya sunkuyo, sai ya durƙusa yana jan jiki tsakanin kunyoyin dawa, mutumin da aka taɓa ɗaga wa tutar ƙasa. Wallahi ya ba ni tausayi, ya kuma ba ni haushi. Surukin Tanko, Baba Magaji, yana zaune gindin ɗorawa yana kallonmu. Ya sa aka kawo mana kunu, aka kawo tuwo. Da la'asar muka gama, Ishaya ya faɗi abin da ya kawo mu.

Tsohon ya ce, "Kun yi aiki, Allah shi yi albarka. Amma ni ba ciyawa ad damuwata ba, ko ɗan ƙwadago na cire ta. Ran golmo mutane na zuwa su ga wa za ni ba ɗiyata, su ga ko shina tsayawa in rana ta yi zafi. In ba shi nan, mi zan ce musu? Ya tai bugun gashin kaza?"

Ishaya ya yi ta bayani, jirgin sama, aikin gwamnati, sunan Zuru a rediyo. Tsohon ya saurara har ƙarshe, sannan ya ce yana da wata gona bayan dutse, can za a yi golmo. Bai hana Tanko tafiya ba, in ji shi, yaro ya zaɓa.

Ranar tafiya muna tasha, ina ta lallashin direba ya ƙara haƙuri, sai ga Tanko a kan babur, fartanya ɗaure a baya. Ya sauka ya durƙusa gaban Ishaya.

"Koci, ka yafe mini. Abokaina sun yi mini noma shekara da shekaru. In na tafi yau, ba Baba kaɗai na kunyata ba, har da su."

Na zaci Ishaya zai yi faɗa, don yana da zuciya. Sai kawai ya dafa kan Tanko ya shiga mota. Da muka yi nisa sai ya ba ni wani labari. Ya ce lokacin da aka kira shi wasansa na farko a waje, mahaifinsa na kwance ba lafiya, ya tafi, bai dawo ya tarar da shi ba.

"Ni na tafi, Malam. Har yau ban san wanda ya yi daidai tsakanina da yaron nan ba."

Yaron da muka kai a madadin Tanko an fitar da shi tun zagayen farko. Ishaya ya ƙarasa shekarar, sannan ya ajiye aiki. Tanko ya yi aurensa, ina ganinsa a kasuwa da buhunan dawa, muna gaisawa, ba ma tayar da zancen.

Daga nan duk shekara sai na roƙi a mayar da zaɓe lokacin rani, har na yi ritaya ba a mayar ba. Ku ma za ku roƙa, kada ku fasa. Amma abin da nake so ku riƙe shi ne, yaron da kuke gani a fili ba naku ba ne ku kaɗai, akwai masu jiransa a gida. Kafin ku ɗora burinku a kansa, ku tambaye shi gonar wa zai noma da damina.