Kaskon Iya da Na'urar Rauda

Rauda 'yar Bunkure ce, aure ya kawo ta ƙauyenmu a gefen Kura, gidan da ke bakin babbar hanyar ruwa. Ni maƙwabcinsu ne, magatakardan ƙungiyar masu noman rani. Ta daɗe tana turara shinkafa kamar sauran matan unguwa, har hayaƙi ya kama mata ƙirji. Sai ta kife tukunya ta koma kiwon kaji.

Ɗakin da ta samu aro na Gidaɗo ne, wan mijinta, inda yake zuba albasa in an cire. Ta sa sola da batir da fitilu masu ɗumi, ta sayo na'urar daidaita zafi. Da kanta ta saita ta: in zafi ya gaza digiri talatin da biyu fitilu su kama, in ya haura talatin da huɗu su mutu. Wata siririyar waya ce ke jin zafin, tana rataye a saman 'yan tsakin.

Zubin farko ya faɗo cikin sanyi, ana ban ruwan alkama, ƙasa duk ta jiƙe. Wata rana da hantsi aka tarar rabin tsakin sun cure a lungu, sun danne juna sun mutu.

"Ƙarfe ya san sanyi?" in ji Gidaɗo. "Cire abin nan ki sa gawayi, ko ki ba ni ɗakina."

"Ba zan cire ba, Yaya. In suka sake mutuwa, da hannuna zan share maka shi."

Ta duba saiti, bai motsa ba. Batir a cike. Sai da ta durƙusa ta ga toka a ƙasa, daidai ƙarƙashin wayar. Ashe Iya, uwar mijinta, ce ta ji tausayin tsakin, ta kai musu kaskon wuta bayan sallar asuba kamar yadda ake kai wa mai jego. Wayar ta ji wuta, na'ura ta kashe fitilu duka, sauran ɗakin ya ɗauki sanyi.

"Alheri na yi musu," in ji Iya. "Kin bar bayin Allah da fitila kamar masu karatun jarrabawa."

"An gode, Iya. Amma kaskonki ba zai ƙara tsallake ƙofar nan ba."

Gida ya rikice. Mijinta Lukmanu ya ce ta ba da haƙuri. Ta durƙusa ta bayar, sannan ta tashi ta sa wa ɗakin kwaɗo, ta ƙulle makullin a haɓar zaninta. Ta zuba sabon tsaki. Duk mako tana rage zafin kaɗan har suka yi gashi.

Da aka cire albasa, Gidaɗo ya turo amalanke har ƙofar ɗakin. Rauda ta tsaya a bakin ƙofa, kaji na ta hayaniya a bayanta.

"Yaya, masu ɗakin suna ciki."

Ya leƙa ta taga, ya daɗe yana kallo. Ya yi tsaki, ya juya amalanken, ya tafi neman karan da zai kafa rumfa.