Shaidar Mansura Mai Banda

Duk mai sarin bandar kifi a bakin ruwan Wara ya san Mansura, doguwar mace marar yawan magana wadda hayaƙi ya rina wa idanu. 'Yar Sarkawa ce, a tunga aka haife ta, kuma tun tana ƙarama ta iya farke tarwaɗa ta naɗe ta, ta jera bisa wuta. Da ta girma ta auri Bashiru, masunci kamar ubanta, mutum mai barkwanci da ba ya rabo da rediyo ko a cikin jirgi.

Shekarun da kifi ya ja baya a tafkin Kainji, taru na fitowa da ƙanana waɗanda ba su isa ɗorawa a wuta ba, Sarkawa da yawa suka bi ruwa zuwa wasu ƙasashe. Bashiru ya yi nisa fiye da saura. Ya tafi kogin Ubangi, can Afirka ta Tsakiya, inda wani ɗan uwansa ya kafa tunga. Da ya zauna da gindinsa sai ya aiko Mansura ta same shi, tana goye da ɗiyarsu Jamila.

Zaman ya karɓe su. Kifi akwai, itace akwai, kuma Mansura ta koyi yaren mutanen wurin daidai na ciniki da gaisuwa. Akwai wani saurayi ɗan kabu-kabu, Silban, shi ke ɗaukar mata kwandunan kifi zuwa kasuwar gari. Idan ya iske tana tuwo yakan zauna ya ci, har ya iya cewa "na gode" da Hausa.

Sai ƙasar ta rikice, mutane suka rabu bisa addini. Wata rana da hantsi wasu matasa suka shigo tungar da adduna da bindigogi, wuyansu cike da layu. Silban ke gabansu, sai dai yanzu Kanar suke ce masa. Ya kife turmin Mansura ya zauna a kai, ya ce a ware maza gefe guda. Mata da yara aka tura su cikin jirage aka ce su ƙetare kada su waiwayo. Mansura ta waiwaya. Daga kan ruwa ta ga abin da aka yi wa Bashiru da sauran mazan tungar, kuma ta ga wanda ya ɗaga hannu kafin a fara.

Dawowarta gida ta ci watanni, daga sansanin gudun hijira zuwa bayan babbar mota. Haliru, wan mijinta, ya ba ta ɗaki a gidansa a Wara. Aka yi addu'a, ta yi takaba, ta gina sabon murhun banda. Masu neman aure sun fito, ta ba su haƙuri. Labarin tungar kuwa sau ɗaya ta bayar, ranar da ta iso, kuma babu wanda ya sake tambayarta.

Fiye da shekara goma bayan haka, Jamila har ta yi aure, sai ga baƙi biyu a ƙofar gidan Haliru: wata Baturiya lauya, da tafintanta Zulkiflu, mutumin Yelwa da ke aiki a Abuja da wata ƙungiyar kare haƙƙin jama'a. Aka shimfiɗa tabarma a zaure, aka kira Mansura.

Zulkiflu ya yi bayani. Silban ya gudu zuwa wata ƙasa a Turai, ya canza suna, yana tuƙa motar kai kaya. Wata mata da ta tsira daga wani ƙauye ta gan shi a tasha ta gane shi. Yanzu yana hannun hukumar ƙasar, za a yi masa shari'a, kuma ana neman waɗanda suka ga abin da ya yi.

Mansura ta ce, "To mi ya haɗa su da mu? Ba ƙasarsu aka yi abin ba. Shi ba nasu ba, mu ma ba nasu ba."

"Haka ne, Inna," in ji Zulkiflu. "Amma akwai laifuffukan da aka ce ba mutum ɗaya aka yi wa ba, 'yan Adam duka aka yi wa, kamar a tara mutane a kashe saboda addininsu ko ƙabilarsu. Dokar ƙasar nan ta ce in mai irin wannan laifi ya shigo hannunsu, za su iya yi masa shari'a ko a ina ya aikata."

Haliru bai so ba. Bayan baƙin sun tafi ya ce mata, "Mansura, wanda ya mutu ya mutu. Akwai ranar hisabi, can ba a buƙatar tafinta. Kuma ba mu san mutanen wanga Kanar ba, ba mu san iyakar hannunsu ba."

"Gaskiyarka, Yaya," in ji ta. "Amma tambayata aka zo yi. In ba a tambaye ni ba, shiru zan yi har kabari. Tunda an tambaya, ba ni cewa ban gani ba."

Bai hana ta ba. Shi ne ma ya raka ta Abuja da lokacin ya yi, domin ba a kai ta Turai ba. Wani ɗaki aka shigar da ita mai sanyin na'ura, aka zaunar da ita gaban babbar talabijin, aka sa mata abin ji a kunne. A cikin talabijin ɗin ta ga alƙalai a jere, ta ga lauyoyi, sannan ta ga Silban. Ya yi ƙiba, ya sa tabarau, furfura ta fito masa. Da a kasuwa ta gamu da shi, ta ce daga baya, da sai ya yi magana za ta gane shi.

Tambayar farko ce ta fi ba ta wuya. Shugabar alƙalan ta ce ta faɗi sunan mijinta.

"Baban Jamila," in ji Mansura.

Aka ce sunansa na yanka ake so, kuma daga bakinta. Mansura ba ta taɓa kiran sunan nan ba, ko yana raye ko bayan ransa, don ba al'adar gidansu ba ce mace ta kama sunan mijinta. Ta dubi Haliru da ke zaune a gefe. Ya sunkuyar da kai. Ta ce, "Bashiru," aka rubuta.

Lauyan Silban ya tsare ta da tambayoyi har bayan azahar. Wane wata ne? Ba ta sani ba, ta dai san ruwa ya fara ja. Mutum nawa suka zo? Ba ta ƙirga ba. Daga tsakiyar kogi, a firgice, da yarinya a hannu, ta yaya za ta rantse cewa shi ne? Ta ce mutumin da ya daɗe yana ɗaukar mata kaya, ya ci tuwonta, ba ta buƙatar kusa kafin ta san tsayuwarsa. Abin da ba ta gani ba, ta ce ba ta gani ba. Silban bai ɗago ya dubi talabijin ɗin ba ko sau ɗaya.

Hukunci bai fito ba sai da damina ta zagayo. Zulkiflu ne ya kira wayar Haliru. An sami Silban da laifi a kan tungarsu da wani ƙauye guda, an yanke masa ɗauri mai tsawo. A kan ƙauye na uku an sallame shi, don shaidun can duk sun mutu ko sun ɓace. Waɗanda suka ba shi bindigogi kuwa suna ƙasarsu, babu wanda ya taɓa su. Haliru ya tambaya ko za a kashe shi, aka ce can ba a kisa. Ya yi tsaki ya miƙa wa Mansura wayar. Ita abin da ta tambaya shi ne ko an ambaci sauran mazan tungar. Zulkiflu ya ce an karanta sunayensu ɗaya bayan ɗaya. Ta ce, "To, madalla," ta koma wurin wuta.

Labarin ya yaɗu a bakin ruwa, aka ƙara masa gishiri, har wasu na cewa Mansura ta ɗaure soja a Turai. Shi ya sa wata ranar kasuwa wata mata mai suna Tamada ta taho daga wani ƙauye a ƙasar Shanga tana nemanta. 'Yan bindiga sun kashe mata miji da ƙane a gona, kuma ta san fuskar wanda ya jagorance su.

"Yaya Mansura, su mutanen nan da suka yi naki, ba su yin namu?"

Mansura ta sa aka kira mata Zulkiflu a waya. Ya ce abin da wuya. Galibi sai mai laifin ya taka ƙasarsu kafin su iya kama shi, kuma wanda ke cikin dajin nan kusa, haƙƙin kotunan gida ne. Ya ce duk da haka zai zo ya ji ta bakin matar, ko don wata rana.

Mansura ta maimaita wa Tamada maganar yadda aka faɗe ta, ba ta rage ba, ba ta sassauta ba. Ta ba ta abinci, ta ɗaure mata kifi a leda, ta raka ta har inda 'yan kabu-kabu ke tsayawa.

Yanzu idanun Mansura sun yi rauni, likita a Yelwa ya hana ta zama cikin hayaƙi. Jamila ce ke kan murhun, ita kuma tana zaune a inuwa tana ciniki da masu sari. Zulkiflu ya zo ya ji ta bakin Tamada da kakar bara. Ba a kira ta ko'ina ba tukuna.