Sakan Ukun Baba Almakashi

Ku yi mini afuwa, ban taɓa rubuta abin da wani zai karanta ba. Amma yau Baba Almakashi zai ajiye aiki, kuma ban ji wanda ya ko ambata ba.

Shekara ashirin da shida ke nan, kullum ƙarfe bakwai na safe yake buɗe ɗakin tace hotuna na gidan talabijin, ɗakin da ko taga babu. Ya rataye hula a ƙusa, ya goge tabarau da bakin riga, ya zauna yana yanke barkwancin wasu. Dariya ta cika ɗakin, shi kaɗai a ciki.

Da can shirin da yake tacewa guntayen wasan ban dariya ne da ake ɗauka a shagon mai aski: a yi raha, a watse, gobe a manta. Wata rana Baba ya lura da wata tsohuwa da aka ɗauko cikon gurbi, zaune a benci bayan 'yan wasa, idonta a kan hanya. Maimakon ya yanke inda dariya ta ƙare, sai ya bar ta sakan uku.

"Baba, gyangyaɗi ka yi a kan injin?" in ji darakta. "Ina abin dariya a nan?"

"Babu, ranka ya daɗe. Amma wani take jira."

"Wa?"

"Ni ma shi nake son sani."

Kowane mako ya bar sakan ukun, kowane mako ya sha faɗa. Sai masu kallo suka fara bugo waya: wai wa Iya take jira? Dole marubuta suka ƙirƙiro mata ɗa da ya yi nisa. Ranar da ɗan ya dawo, mai askin ya aske masa rabin kai ya tsaya yana kuka, masu kallo suna dariya suna share hawaye. Darakta ya karɓi lambar yabo. Baba ya kalli bikin a allonsa, shi ne ma ya tace hoton.

Kai ne ka mayar da raha labari, Baba, mai ganin na bayan fage. Mun gode, Allah ya saka maka da alheri. Ku masu tasowa, kafin ku yanke, ku duba wanda ke zaune a baya.

Ta kafar makulli na hango shi yana cire hularsa daga ƙusa. Na zura takardar nan ta ƙarƙashin ƙofa, na ji takunsa ya tsaya. Kafin ya buɗe, na sha kwana.