Shadda a Ciki

Shekarar da na bar lise, wato sakandare, na zauna a shagon ɗinkin Baba a unguwar Briqueterie, akwai wani yaro da ke kwana a rumfarmu. Bai fi shekara tara ba. Irin yaran nan ne da ake kira nanga boko, waɗanda titi ne gidansu. Da rana yana dako a kasuwar Mokolo. Hausarsa ta tsince-tsince ce, rabinta Faransanci, kuma Tanti yake ce mini, wato gwaggo, ni da ko ashirin ban kai ba.

Rigarsa ce ta dame ni, kafaɗa a waje ko ana ruwa. Gab da ƙaramar Sallah na tattara ragowar shuɗiyar shadda na ɗinka masa wata. Ya sa, ya tsaya gaban madubi yana shafa ƙirji har sai da na kore shi.

Washegari na same shi bakin kwata yana goga mata jar laka, har ya ɓarke hannu ɗaya. Ni ba ni da haƙuri. Ban tambaya ba na hau faɗa, na ce idona na kashe a kanta, in ba ya so ya ba ni abata.

Ya ƙanƙame ta. "Tanti, in manyanmu na titi suka ga sabuwa ce, tuɓe ni za su yi. Da duka."

Ya ce takalmin da wata mata ta taɓa ba shi bai kwana a ƙafarsa ba.

Na lallaɓa na karɓa na wanke. Baba, ko ɗagowa daga keke bai yi ba, ya ce in nemo tsohuwar rigar ƙanena in yi mata shafi da shaddar. Na yi. Waje koɗaɗɗen yadi mai faci, ciki shadda tana sheƙi.

Da na miƙa masa, sai ya ɓata fuska. Ya ɗauka na hukunta shi ne. Na ce, "Kai, leƙa ciki mana."

Ya leƙa, ya daɗe bai ɗago ba.

Har damina ta wuce rigar tana jikinsa, babu wanda ya kalle ta sau biyu. Kullum da safe in zai wuce Mokolo, sai ya waiwaya ya ga babu kowa, ya ɗan ɗaga bakin rigar ya nuna mini shuɗin. Ni kuwa in ce ya wuce, yana tare mini haske.